Tambayoyinku Kan Girki: Salsar Meziko da Rigimar Attaruhu

Wata biyu da suka wuce, cikin amsar da na ba wata baiwar Allah kan gasasshen kifi, na ce ta gwada cinsa da salsa irin ta mutanen Meziko maimakon soyayyar miyar da ta saba. Layi ɗaya na rubuta na wuce abina. Ashe aiki na tono wa kaina. Saƙonni suka yi ta shigowa: masu tambayar mece ce, waɗanda suka gwada ta ƙi, har da wani bawan Allah da faɗa ya kawo shi. Na tsinci kaɗan daga ciki, masu kama da juna na haɗe su.

Tambaya: Assalamu alaikum Hajiya, sannu da ƙoƙari. Don Allah mece ce salsar nan, kuma yaya ake yinta? Ni ko a hoto ban taɓa ganinta ba.
Daga wata amarya, Zariya

Amsa: Wa alaikumus salam amarya, Allah ya ba da zaman lafiya. Salsa kalmar Sifaniyanci ce, ma'anarta miya ko mahaɗin da ake cin abinci da shi, kuma a Meziko ba ta ƙirguwa: akwai ɗanya, akwai ta gashi, akwai dafaffiya, akwai ta mai. Wadda na ce a ci da kifi ita ce ɗanyar, suna ce mata pico de gallo, wato bakin zakara. Wasu kuma salsa bandera suke cewa, mai tuta ke nan, don kore da fari da ja da ke cikin kwanon su ne launukan tutar ƙasarsu.

Ni a Amurka na koye ta, a birnin Houston, shekarar da na je wa 'yata zaman jego. Ƙofarmu na kallon ta wata dattijuwa 'yar asalin Puebla ta ƙasar Meziko. Ba ta jin Hausa, ba na jin Sifaniyanci, Turancinmu mu biyun kuwa sai a hankali, yawancin hirarmu da hannu ne. Ranar suna ta shigo da kwano cike da abin nan, na ɗanɗana bisa naman rago, na kasa ajiye cokali. Bayan kwana uku na kwashi tumatir da albasa na ƙwanƙwasa mata ƙofa. Muka yanka komai tsaf. Ni kuma, hannu ya riga ya saba, sai na jawo tukunya na ɗauko kwalbar mai. Matar nan ta kama min tsintsiyar hannu, ta girgiza kai, ta mayar da tukunyar mazauninta. Na ciro dunƙule daga jakata na nuna mata, ta yi dariya har da riƙe ciki. Gishiri ta nuna min, da lemon tsami, ta ɗaga yatsu biyu. Shi ke nan kayan ɗanɗanon.

Ga yadda nake yi wa mutum huɗu. Tumatir 4 matsakaita, dogayen nan masu tsoka da ƙarancin ruwa, nunannu jajur amma da taurinsu. Wanda ya fara laushi ki bar wa miya. Ki raba kowanne biyu, ki sa ɗan cokali ki kwashe 'ya'yan da ruwan cikin, sannan ki yanka tsokar ƙanana, kamar girman ƙwayar masara. Wuƙar ta zama mai kaifi. Dakusasshiya murje tumatir take yi, ba yanka ba. Rabin albasa, ita ki yanka ta fi tumatirin ƙanƙanta. Su fara suke amfani da ita. In ja kika samu, bayan kin yanka ki zuba ta a rariya ki ɗauraye da ruwan sanyi mai tsabta, hakan na kashe mata kaifin nan mai bin maƙogwaro. Su ma can suna yi, har suna da kalmar da suke kiran wannan aikin da ita, desflemar. Sai kwatan attaruhu ɗaya, da rabin koren tattasai ƙarami (dalili na nan a amsa ta gaba), da ganyen koriyanda kamu ɗaya, da lemon tsami 1 mai ruwa sosai, da gishiri rabin ƙaramin cokali.

Ki fara haɗa albasa da attaruhu da gishiri da ruwan lemon, ki bar su minti 10 su saba da juna. Sannan ki zuba tumatir da tattasai da ganye, ki juya a hankali. Sai ɗanɗanawa, wanda shi ne ainihin girkin. In kin ji ta lami, kusan kullum gishiri ne bai ji ba, ba yaji ba. In ta yi nauyi a baki, ƙara lemon. Dattijuwar nan sai da ta ɗanɗana sau huɗu kafin ta miƙo min cokali. Babu mai, babu kori, babu tayim, babu wuta. Na san zuciyarki za ta ce abin ya yi tsirara da yawa. Ki daure ki kai wa ango a haka, da kifi ko tsire ko soyayyar doya, ki ga abin da zai ce.

Tambaya: Anti na gani a intanet an ce a sa barkono 3, na sa attaruhu 3. Wallahi maigidana loma ɗaya ya yi ya tashi yana neman ruwa, yara suka ƙi ci, ni kuma hannuna ya kwana yana raɗaɗi. Ina kuskuren?
Daga maman yara uku, Gusau

Amsa: Ƙanwata, sannu, ki kuma miƙa wa maigida jajena. Kuskuren ba a ƙirga yake ba, a irin barkonon yake. Wanda ya rubuta 3 ɗin nan koren barkonon ƙasarsu yake nufi, ko dai serrano, siriri mai tsawon ɗan yatsa, ko jalapeño, da ake furtawa halapenyo, wanda ya samo suna daga garin Xalapa na jihar Veracruz. Akwai ma'aunin zafin barkono da wani Ba'amurke masanin haɗa magunguna, Wilbur Scoville, ya ƙirƙiro a 1912: ana sirka ruwan barkono da ruwan sukari har sai masu ɗanɗano sun daina jin zafi, yawan sirkin shi ne makin. A wannan ma'auni halapenyo na tsakanin 2,500 da 8,000. Serrano kuma 10,000 zuwa 23,000. Attaruhunmu dangin habanero ne, su kuwa suna kai wa daga 100,000 zuwa 350,000. To ki lissafa: serrano wajen 30 kika zuba wa tumatir huɗu, kuma ɗanye, babu mai babu wutar da za su rage masa ƙarfi. A miya attaruhu 3 ba komai ba ne, don ya watsu cikin tukunya guda. A nan kuwa kai-tsaye yake sauka a harshe.

Shi ya sa na ce kwata. Koren tattasan da nake haɗawa shi ke kawo ƙamshin ɗanyen ganye da ƙaras-ƙaras ɗin da serrano ke bayarwa, attaruhu kuma ya kawo zafin. In kin samu ɗanyen shambo tun yana kore, ya fi kusa da nasu, guda ɗaya ya isa.

Mutane na cewa a cire 'ya'yan barkono don rage zafi. Ba 'ya'yan ne masu laifi ba. Sinadarin da ke kawo zafin, kafsaisin, ya fi taruwa a farar jijiyar nan ta ciki da 'ya'yan ke manne da ita. Ita za ki kankare da bakin wuƙa. Kuma sinadarin ba ya narkewa a ruwa, a maiƙo yake narkewa. Maigida da kindirmo ko madara ya nema da ya fi samun sauƙi, ruwa yaɗa zafin kawai yake yi. Hannu kuwa, ki shafa man gyaɗa ki murza, sannan ki wanke da sabulun wanke-wanke, sau biyu. Gara ma tun farko ki sa leda a hannu, ko ki danne attaruhun da cokali mai yatsu ki yanka. Ni na taɓa yankawa dab da magariba, na ɗauraye hannu da ruwa kawai na kama alwala. Da na zo wanke fuska, sai da jikata ta jagorance ni zuwa kan sallaya. Tun daga ranar, in zan yanka attaruhu sai bayan salla.

Amma kada ki ɗauka attaruhu bare ne a salsa. A yankin Yucatán, kudu maso gabashin Meziko, habanero ne sarki, kuma jar albasa suke so, ka ce a kasuwarmu suke cefane. Suna da wata salsa mai suna xnipec, ana furta shi shnipek, da yaren Maya ma'anarsa hancin kare, don in ka ci hancinka jiƙewa yake kamar na kare. Jar albasa ce da habanero da tumatir da koriyanda, a jiƙa da ruwan wani lemo mai tsami da ɗaci-ɗaci. Ni nakan haɗa ruwan lemon zaƙi da na tsami daidai wa daida a madadinsa. Sai dai ita ɗigo-ɗigo ake sa ta bisa nama, ba a ɗiba da ludayi. Abin da kika yi bai yi nisa da ita ba, cin ne aka yi mata irin na miya.

Tambaya: Tawa ta yi kyau da farko, amma kafin baƙi su iso ta koma ruwa tsululu, tumatir na iyo. Ko garin sitaci zan sa ta yi kauri?
Daga wata uwargida, Maraɗi

Amsa: A'a, rufa min asiri, kada ki sa sitaci. Gishiri ne ya yi aikinsa: yana taɓa yankakken tumatir zai fara jawo ruwan cikinsa waje, kamar yadda kike gani in kin barbaɗa wa kabeji. Ki juya abin ya zama a hannunki. Bayan kin yanka tumatir, ki barbaɗa masa rabin gishirin, ki zuba a rariya bisa kwano, ki bar shi minti 15 zuwa 20 ya tsane, sannan ki haɗa. Ruwan da ya taru kada ki zubar, yana da daɗi a dafa-duka ko a jiƙa kaza. In baƙi ne, ki yanka komai ki ajiye kowanne a kwanonsa a rufe, sai kin ji sallamarsu ki haɗa. Minti biyu ne.

Tumatirin damina ya fi ruwa, na rani ya fi tsoka da zaƙi, don haka salsar sanyin hunturu zuwa farkon bazara ta fi kowace. Kuma wanda za ki yi ɗanyar salsa da shi kada ya kwana a firji kafin yanka. Sanyi mai yawa na kashe masa ƙamshi. Ki shimfiɗa shi a faifai a inuwa.

Tambaya: Hajiya, da girmamawa, wannan ai yankan tumatir da albasa ne da kowane mai tsire ke naɗo mana a takarda. Don me za a laƙaba masa sunan Turawa a zo ana koya mana? Mu daina raina namu.
Daga wani malamin makaranta mai ritaya, Katsina

Amsa: Malam, Allah ya ƙara girma. Rabin maganarka na yarda da ita. Duk wanda ya ci gurasa bandashe a Kano, ko ya tsaya gaban mai balangu, ya san daɗin ɗanyen tumatir da albasa kusa da abu mai maiƙo, ba sai wani ya tsallako teku ya faɗa mana ba. Bambancin shi ne na mai tsire kowanne zaman kansa yake, yajin kuma gari ne a gefe. A salsa gishiri da lemon tsami sun ratsa su sun zama abu ɗaya, barkonon kuma ɗanye ne.

Inda zan ja da kai shi ne batun Turawa. Abin nan ba nasu ba ne, su ma tarar da shi suka yi. Tumatir da barkono da masara duk amfanin gonar nahiyar Amurka ne, kuma mutanen Meziko na noma barkono tun kimanin shekara 6,000 da suka wuce. Sifaniyawa sun ci babban birnin daular Aztek ta 'yan asalin ƙasar, Tenochtitlan, a 1521, a wurin da birnin Meziko yake a yau. Wani malamin coci cikinsu, Bernardino de Sahagún, da ya isa ƙasar a 1529, ya zauna da dattawan wurin ya rubuta rayuwarsu, har da miyar barkono da tumatir iri-iri da ake sayarwa a kasuwa. Kalmar tumatir da ni da kai muke faɗa kullum, in ka bi sawunta, za ta kai ka ga tomatl na yarensu na Nahuatl. Abin da Sifaniyawa suka kai musu shi ne albasa irin wadda muka sani, da tafarnuwa, da koriyanda, da lemon tsami. Mu kuma barkono ya iso Afirka ta Yamma ne bayan haka, ta jiragen ruwan Fotugal. Kafin zuwansa, masoro da kimba da citta ne ke ɗumama tukunyar kakanninmu, kuma ga su nan har gobe a yajin jego da kunu.

Wato, Malam, miyar dage-dagen da ka ci jiya da rana ma akwai hannun mutanen nan a ciki. A 2010 hukumar UNESCO ta sanya girkin gargajiyar Meziko cikin al'adun da duniya ta gada. In ka ce a yi wa kilishi da fura irin wannan fafutuka, ni ce ta farko a bayanka. Amma salsar dai ka sa a yi maka, in ba ta yi ba ka sake rubuto min faɗa.

Tambaya: Na sayi koriyanda da tsada na zuba, sai na ji kamar sabulu nake tauna. Ko gurɓatacce aka sayar min?
Daga wata ma'aikaciyar jinya, Jos

Amsa: Lafiyarsa ƙalau, 'yata. Akwai mutanen da halittarsu ce haka, gado ne: hancinsu na kama wasu sinadaran ganyen da suke kama da na sabulu, sauran mutane kuma ba sa jin su. Ko a gidana akwai mai irin wannan. Ki bar shi. Ki sa lawashi yankakke ƙanana da ɗan fasli, ko 'yan ganyen na'ana'a uku zuwa huɗu. Dattijuwata ta Puebla ba za ta kira ta pico de gallo ba, amma za ta ciyu. Masu sonsa kuma su lura a kasuwa, don sun yi kama da fasli: a murza ganye ɗaya a shinshina, koriyanda ba ya ɓoye kansa. Siraran karansa ma ana yankawa a ciki, ƙamshin yana nan. In tsadar ce matsala, 'ya'yansa da ake sayarwa wurin masu kayan ƙamshi, in ba a soya su ba, sukan tsiro a tsohon bokiti lokacin sanyi.

Tambaya: Hajiya ina gaisuwa. Mu nan muna niƙa ɗanyen tumatir da barkono da albasa a asanka mu ci da dokunu da kifi. Ita ce salsa? Kuma in babu lokaci, blanda za ta yi?
Daga wata 'yar kasuwa, Zangon Kumasi

Amsa: Ina amsawa, ƙanwata, a gaida mutanen Zango. Ke kam kin riga kowa isa. Asankarku, kaskon nan na yumɓu mai zane-zane a ciki, 'yar'uwar abin da 'yan Meziko ke kira molcajete ce: ɗan turmi mai ƙafa uku da aka sassaƙa daga baƙin dutsen aman wuta, da ɗan dutsensa da ake kira tejolote. Na dattijuwar nan ta gada ne daga uwarta, cikinsa ya yi sumul ya lotsa saboda shekaru. Sabo sai an yi ta niƙa ɗanyar shinkafa a ciki ana zubarwa, har ta daina fitowa da toka-toka, in ba haka ba ka tauna tsakuwa. Ta kuma nuna min da hannu cewa akwai na jabu da ake zubawa da siminti, a guje su.

Abin da za ki ƙara a kan naki shi ne gashi, kuma ita wannan ce na fi so a duk cikinsu. Ki ɗora kasko busasshe, babu ko ɗigon mai, a wuta matsakaiciya; su faifan ƙarfe ko na yumɓu suke amfani da shi, comal. Ki jera tumatir 4 ɗungum da ɓawonsu, da attaruhu rabi ko ɗaya, da tafarnuwa sili 2 cikin rigarsu, da yankin albasa mai kauri. Ki riƙa juyawa. Attaruhu zai riga kowa, minti 3 zuwa 4 ya yi tabo-tabo, ki cire, ki kuma buɗe taga don hayaƙinsa na sa tari. Tafarnuwa in ta yi laushi ki cire ki ɓare. Tumatir zai kai minti 12 zuwa 15: fatar ta yi baƙi wuri-wuri, ta tsage, ruwa ya fara tsartuwa yana cuwa a kasko. Kada ki ji tsoron baƙin nan, kada kuma ki ɓare shi duka, shi ne ɗanɗanon. A kan garwashi ma ya fi.

Niƙan yana da tsari. Tafarnuwa da gishiri tukuna, har su zama kamar man shafawa. Sai attaruhu, a murje shi sosai don kada wani ya ci karo da guntu. Sai albasa. Tumatir a ƙarshe, ɗaya bayan ɗaya, a danne a murza, ba a so ya yi lukui; jajjage ake so, mai gudaji-gudaji. A kai teburi cikin asankar, da ɗuminta.

Blanda za ta yi in an matsu, amma da sharaɗi. Danna ki saki, danna ki saki, sau huɗu ko biyar. In kika bar ta ta yi ta gudu, iska za ta shiga, salsar ta yi kumfa ta koma ruwan hoda kamar markaɗen da ke jiran tukunya. Ɗanyar albasa kuma kada ta shiga blanda, ɗaci da wari take yi. Yanka ta da wuƙa ki zuba daga baya. Masu turmin jajjage na katako su ma za su iya, in dai ba wanda aka daka daddawa a ciki jiya ba ne.

Wata ta tambaye ni koriyar salsa da take gani a hotuna, bari in amsa mata a nan. Ba ɗanyen tumatir ba ne. Wani ɗan itace ne daban, tomatillo, mai riga kamar takarda da ɗan danƙo a jiki, mai tsami. Gauta ba za ta maye shi ba, ɗaci za ta kawo. Mafi kusa shi ne koren tumatir da bai nuna ba, a gasa shi sosai a ƙara lemon tsami.

Tambaya: Zan tafi karatu Amurka, an ce abincin 'yan Meziko ya cika gari. Salsa halal ce?
Daga wani ɗalibi, Kaduna

Amsa: Allah ya ba da sa'a, ɗana. Salsar tumatir da barkono kayan lambu ce zalla. Guda ɗaya ka kiyaye, salsa borracha; sunanta ma bugaggiya yake nufi, da giya ake haɗa ta. Inda ya fi buƙatar tambaya shi ne abin da ake ci da salsar. Naman al pastor da za ka gani yana juyawa a tsaye kamar shawarma, daga shawarmar Labanawan da suka yi ƙaura can aka samo salon, amma naman alade ne. Carnitas da chorizo ma haka. Dakakken wake da wainar alkamarsu kuma sau da yawa da kitsen alade ake yi. Ka riƙe kalmar manteca, sunan kitsen ke nan a wurinsu, ka tambaya kafin ka saya. Wainar masara, tortilla, yawanci masara ce da ruwa da 'yar farar ƙasar da ake dafa masarar da ita, sai dai ka tambayi man da aka soya ta in soyayya ce.

Tambaya: Anti kwana nawa take yi? Mu a hostel babu firji, wuta ma sai an ga dama. Ina so in yi da yawa in riƙa ci da shinkafa har sati.
Daga wata ɗaliba, Maiduguri

Amsa: 'Yata, ɗanyar salsa ba abincin ajiya ba ce, ko kaɗan. A firji mai sanyi sosai, cikin roba mai murfi, kwana 2, in an matsa 3, kuma tun a rana ta biyu ta fara yaushi. A waje kuwa ƙa'idar masana lafiyar abinci ita ce awa 2, in zafi ya haura digiri 32 awa 1. Ke da ke Maiduguri kin san watan Afrilu ba ya tsayawa a 32. Kada kuma ki yarda da zancen cewa lemon tsami da yaji na kashe ƙwayoyin cuta. Ba su isa ba. A 2008 mutum fiye da 1,400 suka kamu da cutar salmonela a Amurka, aka fara zargin tumatir, daga baya bincike ya kai ga ɗanyen halapenyo da serrano. Barkonon da kansa ne ya ɗauko cutar. Don haka duk abin da za a ci ɗanye a wanke shi ɗaya-ɗaya da ruwan da za ki iya sha, tun kafin wuƙa ta taɓa shi, ganye kuma a canza masa ruwa sau uku. Katakon da aka yanka ɗanyar kaza a kai kada ya kusance ta. Lokacin da amai da gudawa ke yawo, ko mai ciki ce za ta ci, ko ƙaramin yaro, ni ta gashin nake yi, in kuma bar ɗanyen ganye.

In ta rage da daddare kuma akwai sanyin ajiye ta, da safe ki tsane ruwan, ki soya ta a ɗan mai, ki fasa ƙwai 2 a kai. Su huevos a la mexicana suke kiran ƙwai da tumatir da albasa da barkono. Mai shayin bakin hostel ɗinku shi yake yi kullum bai san sunansa ba.

Wadda za ta yi miki sati ita ce salsa macha ta mutanen Veracruz, don babu ruwa a cikinta, kuma kayanta duk na gida ne. Man gyaɗa kofi 1 a wuta kaɗan. Ki zuba ɓararriyar gyaɗa rabin kofi har ta fara ja, ki ƙara riɗi babban cokali 2, yana fara tsalle ki sauke tukunyar. Sai a sannan ki zuba busasshen barkono kamu ɗaya da kika cire wa hanci, ki juya cikin zafin man kamar minti ɗaya. In ya yi baƙi ya ƙone, ɗaci zai yi, babu gyara. Su suna soya tafarnuwa a ciki, amma ke da ba ki da firji ki sa garin tafarnuwa rabin cokali; ɗanyar tafarnuwa da aka nutsar a mai aka ajiye a ɗaki na iya haifar da guba mai kisa, kuma ba ta wari balle ki gane. In ya huce ki tsame kayan ki daka sama-sama da gishiri, ki mayar cikin man, ki juye a kwalbar da ta bushe ƙarau. Man ya rufe kayan, cokalin ɗiba kuma ya zama busasshe. Tana shiga da shinkafa da wake, da ɗanwake, da awara, har da taliyar dare in karatu ya yi zafi. Ki yi rabin wannan awon a karon farko, don 'yan ɗakinku in suka ɗanɗana ba za ta kai Laraba ba.